Birnin Masu Toshe Ɗaki

Da sunan Allah wanda ya shimfiɗa ƙasa, ya zuba teku inda ya so, ya kuma kwashe shi daga inda ya so ba tare da ya shawarci kowa ba. Ni ne Jatau ɗan Nomau, mai haƙar rijiya, jikan mai haƙar rijiya. Na yi shekara uku ina yawo a ƙasashen da ko sunansu ba a taɓa ji a kasuwarmu ba. Sanin wani dutse na fita nema, saura ƙiris in yi sanadin binne wana da ransa. Ga yadda aka yi.

Ina ƙarami mahaifinmu ya haƙa wata rijiya mai zurfin gaba arba'in. A can ƙasa ya ci karo da wani dutse miƙaƙƙe, tsawon kamu ɗaya, siriri a gefe guda, mai kauri a ɗaya gefen, da gaɓa-gaɓa kamar karan dawa. Da ya fito da shi a jiƙe, kowace gaɓa ta fito raɗau. Da ya bushe sai ya koma dutse kawai. Baba ya ce, "Wannan abu ya taɓa yin rai." Aka yi masa dariya. Wasu suka ce ƙahon aljani ne, wasu suka ce zurfin rijiya ya fara taɓa masa kai. Da zai rasu ya danƙa mini dutsen ya ce in tambaya, ko Allah zai haɗa ni da wanda ya sani. Na ce to. Na tura shi ƙarƙashin gado, ya shekara tara a can, ni kuwa kullum sai baɗi.

Ranar da na ɗaura niyya, Inna ta kira wana Arzika ta ce, "Ka bi shi. Wannan in yana kallon dutse ko rami ba ya gani. Kada ka sake shi."

Arzika ƙato ne, ga ci, ga mita. Tun daga ƙofar gari ya fara. "Mutane na fita fatauci, mu mun fita rakiyar tsakuwa. Wai Jatau, in ka samu sunan nata, miya za mu yi da shi?" Haka na sha har wata goma sha huɗu. Amma duk inda muka yada zango, sai ya tabbata na ci kafin ya sa hannu.

Shi ya fitar da mu a ƙasar Zangarma. Sarkin can ya rantse sai ya tara tsaunin da ya fi na maƙwabcinsa, saboda haka duk dutsen da ya wuce ƙwan kaza girma, masu tsaron iyaka ƙwacewa suke yi. Sai ga su mun hango a gabanmu. Arzika ya karɓe dutsen, ya zauna a tsakiyar hanya, ya zazzage barkonon guzirinmu duka a akushi, ya shiga daka da shi ta inda iska ke kaɗawa wajensu. Babbansu ya matso zai yi tambaya, atishawa ta sarƙe shi.

Arzika ya ce, "Ranka ya daɗe, taɓarya ce. Ko a ɗan ƙara muku?"

Da hannu suka kore mu, idanunsu na zuba. Wata biyu muna cin tuwo ba yaji, bai bar ni na manta ba ko sau ɗaya.

Daga nan muka isa bakin teku. Ni da na saba ganin ruwa a ƙasan rami, ranar na ga ruwan da ba shi da ɗaya gefen, sai da na zauna. A can aka haɗa mu da wata tsohuwa mai suna Tambara, wadda ta yi shekara hamsin tana nutso. Ta juya dutsen, ta lasa, ta juya, sannan ta ce mu shiga kwalekwale.

Da muka yi nisa ta jawo wani kwando daga zurfi. A ciki akwai wata halitta cikin ƙwanso naɗaɗɗe irin na dodon koɗi, hannuwa barkatai a bakinta kamar saiwar albasa, da ido guda a kowane gefe yana kallona. Ta sake ta a ruwa. Halittar ta tsaya cak, ba ta nutse ba, ba ta taso ba, sannan ta yi ƙasa a hankali abinta.

A gida Tambara ta ɗauko rabin irin wannan ƙwanso da take zuba gishiri a ciki. Ashe cikinsa ɗakuna ne a jere, kowanne ya fi na bayansa girma. Ta ce, "In mai ƙwanson ya girma sai ya matsa gaba, ya yi bango a bayansa. Amma dubi nan." Ta nuna mini wani ɗan huji a tsakiyar kowane bango. "Wata jijiya tasa ce ke bi ta nan, tun daga inda yake har ɗakinsa na fari. Da ita yake zuƙe ruwan tsofaffin ɗakunan, su yi sakayau, su riƙe shi kada ya nutse. Naka ɗan'uwan wannan ne, sai dai miƙaƙƙe. Irinsa sun ƙare tun kafin a yi kakannin kakanninmu. In kana son ganinsu da yawa, ka nufi yamma, Birnin Kurmala, inda teku ya tashi ya bar su."

Arzika ya ce, "To, ai an samu. Sai gida." Na ce sai na ga Kurmala. Da na ji maganarsa, da yau yana tafiya kamar kowa.

Kwana takwas muka yi muna keta wani fili na gishiri, fari fat, ba tsuntsu ba ciyawa. A ƙarshensa ƙasa ta yanke, wani kwari mai zurfi ya buɗe, birnin yana can ƙasa. A jikin gangaren kuwa, ga su nan dubbai, irin dutsen Baba, wani kamar yatsa, wani ya fi mutum tsawo, duk sun kwanta sun fuskanci gefe guda. Na manta da kaina. Na leƙa don in taɓa wani babba, ƙafata ta zame. Arzika ya cafko wuyan rigata ya wurga ni baya, shi kuma nauyinsa ya tafi da shi. Na ji ƙarar ƙashin cinyarsa tun daga inda nake.

Mutanen Kurmala suka ɗauko shi a kan ƙyaure. Mutane ne masu kirki, wannan sai na faɗa, don abin da zai biyo baya kada a ɗauka mugaye ne. Babbansu shi ne Sarkin Magina, wani dattijo mai suna Bagudu, shi ya sauke mu a gidansa. 'Yarsa Tsahara, mace mai shekaru kamar talatin, ita ce mai ɗorin garin. Ta ɗaure cinyar da karare ta ce sai kwana hamsin zai taka. Da suka ga dutsen Baba suka yi ta murna, wai na dawo da ɗan Mai Ɗakuna gida, sunan da suke kiran halittar ke nan. Suka karɓe shi suka gina shi a jikin ganuwa. Ban so ba, amma baƙo ne ni.

Abu biyu na lura da su tun ranar farko. Na ɗaya, ruwa. Idon ruwa guda ne a garin, ɗiga yake yi, kowa ƙoƙo ɗaya da safe, ɗaya da yamma. Da yashi suke wanke kwano, ni ma taimama na koma yi. Wanda ya zubar da ruwa a ƙasa da gangan, a hana shi na kwana biyu. Wanda ya fasa Mai Ɗakuna kuwa, a hana shi da mutanen ɗakinsa har abada.

Na biyu, gidajensu. Kowane gida miƙaƙƙe ne, ɗaki bayan ɗaki, ƙanana a baya, manya a gaba, amma a na gaban kaɗai ake zama. Sauran duk a toshe. Na tambayi Bagudu dalili.

Ya ce, "Mai Ɗakuna ya koya mana. Kakanninmu sun zo nan a guje, yaƙi ya cinye rabinsu, suna ta kuka ba sa iya komai. Sai suka ga yadda yake yi, ya toshe baya ya matsa gaba. Suka yi koyi da shi suka rayu. Duk shekara bakwai muna gina sabon ɗaki a gaban tsohon. Ranar Ƙaura kowa ya taka dokin ƙofa ya tsallaka, tsaye da ƙafarsa, ba sanda, ba hannun wani. Sannan a toshe."

Na ce, "Wanda bai iya tsallakawa ba fa?"

Ya dubi ƙasa. "Ɗakin ya riƙe shi. Ba a ƙara kiran sunansa."

"Yaushe ne Ranar Ƙaurar?"

"Saura kwana goma sha tara."

Na ce ai mu baƙi ne. Ya ce wanda ya kwana a ɗaki ya ci gishirinsa ya zama na ɗakin, kuma daga ranar da aka aza harsashin sabon gini ba a ɗaukar kowa a fitar da shi. Harsashin kuwa washegarin zuwanmu aka aza. Bai janye ko kalma ɗaya ba.

Ba abin da ban yi ba. Na gaya musu abin da Tambara ta nuna mini, cewa akwai huji a kowane bango. Dattawa suka saurara da ladabi suka ce wancan naɗaɗɗe ne, nasu miƙaƙƙe, kuma ga gaɓoɓinsa nan a jikin kowane dutse, wa ya taɓa ganin huji? Gaskiyarsu, daga waje ba a gani. Na ce a fasa guda a duba. Sai da wani tsoho ya toshe kunnuwansa.

Wata rana da tsakar rana, kowa ya tafi wajen gini, na naɗe Arzika a tabarma na kinkimo shi, yana cije leɓe don zafi. Ina isa ƙofa na tarar da Bagudu a zaune a gefenta yana gyaran igiyar awonsa. Bai ko ɗaga kai sosai ba ya ce, "Baƙo, tabarmarka tana da yatsu." Ya tashi ya kama mini, muka mayar da shi shimfiɗarsa a hankali. Bai gaya wa kowa ba. Ya dai ce ko na fita da shi, kwana takwas ne a gishiri ba ruwa.

Ana saura kwana biyu Arzika ya ce a kama shi ya gwada. Ya miƙe, ya saki kafaɗata, ya faɗi a sume. Tsahara ta sake ɗaurin. Da ta gama ta ce mini a hankali, ba ta dube ni ba, "A Ƙaurar da ta wuce, wadda ta haife ni ɓarin jikinta ya shanye. Baba da hannunsa ya aza dutsen ƙarshe." Ta nuna bangon baya da haɓa, ba ta faɗi suna ba.

Da Arzika ya farfaɗo ya ce, "Jatau, bar wannan fuskar, kamar wanda akuya ta cinye wa tuwo. Ka saurara. In sun toshe, kada ka tsaya jin komai, ka kama hanya. Ka gaya wa Inna ban sake ka ba."

Na ce, "Yaya, ni na kawo ka nan."

Ya ce, "Ƙwarai kuwa. Kuma har yanzu ba ka biya ni barkonona ba."

Safiyar Ƙaura aka raba ruwa, aka jera duwatsun toshiya a bakin ƙofa. Mutanen gidan suka tsallaka ɗaya bayan ɗaya. Ni na ƙi shiga, na ƙi fita, na zauna dirshan a kan dokin ƙofar da ƙoƙona a hannu. Dokin ƙofar nan dutse ne guda, baƙi-baƙi, mai santsi. Shi kaɗai ba a barinsa a baya, duk Ƙaura sai a ciro shi a kai sabuwar ƙofa, don haka ƙafafun gidan tun na farko shi suke takawa, har tsakiyarsa ya lotsa. Bagudu ya ce, "Baƙo, tashi, rana tana yi." Ni kuwa, gardi da gemu, sai na fashe da kuka. Ban ji kunya ba, ba na kuma jin ta yanzu.

Hawayena ya ɗiga a kan dutsen. Inda ya ɗiga, sai na ga wani farin layi ya fito.

Duk mai haƙar rijiya ya san dutse ba ya nuna cikinsa sai ya jiƙe. Su kuwa mutanen da tun kafuwar garinsu ba wanda ya taɓa zuba ruwa a kan dutse, ina za su sani? Na tashi na juye ƙoƙona duka a kan dokin ƙofar.

Mata suka yi salati, wani ya riƙe mini hannu. Amma kowa ya gani. Mai Ɗakuna ne kwance a cikin dutsen, tsawon kamu biyu, tafin ƙafa ya cinye shi har tsakiya kamar an tsaga shi da wuƙa. Ga ɗakunan a jere, ga bangayen. Ga kuma bututu siriri ya ratsa kowane bango, tun daga babban ɗaki har ɗan ƙanƙanin na ƙarshe, bai tsallake ko ɗaya ba.

Kafin dattawa su matso, rana ta shanye ruwan, dutse ya koma dutse. Wani ya ce sihirin baƙi ne. Ba ni da sauran ɗigo. Sai Tsahara ta ratso mutane, ta durƙusa, ta zuba nata a hankali, tana bi da tafin hannu don ya daɗe. Hoton ya dawo.

Bagudu ya durƙusa. Ya daɗe yana kallo. Da ya fara bushewa ya ce a miƙo masa nasa ƙoƙon, ya zuba da kansa. Sannan ya zaro igiyar awo, don shi magini ne kafin komai. Ya auna faɗin bango, ya auna faɗin hujin, ya ninka igiyar. Ya sake a wani bangon, ya sake a na uku. Ya miƙe ya fuskanci jama'a.

Ya ce, "Na auna sau uku. Hujin kashi ɗaya ne cikin biyar na bangon. Bangon ɗakin nan kamu goma ne." Ya ɗaga igiyar. "Kamu biyu ke nan. Mutum zai wuce."

Tsohon nan mai toshe kunne ya ce, "Sarkin Magina, al'adar kakanni fa?"

Ya ce, "Kakanni cewa suka yi mu yi yadda yake yi. Ga yadda yake yi. Ƙafafunmu sun fi shekara ɗari uku suna nuna mana, ba mu duba ba."

Aka yi toshiyar a ranar, kamar yadda aka saba, amma da huji kamu biyu a tsakiya. Ina jin Arzika daga ciki yana cewa a ɗan faɗaɗa, su ba su ga girman cikinsa ba ne? Ni dariya, ni kuka. An hana ni ruwa na kwana biyu bisa doka, ni da Tsahara da Bagudu, ban taɓa jin ƙishirwa mai daɗin wannan ba.

Da magina suka watse, Bagudu ya ɗauki guduma da kurfin sara dutse, ya sunkuya ya shiga ta hujin, ya wuce shimfiɗar Arzika, ya tsaya a bangon baya. Na bi shi don in riƙe masa kurfin. Ya ƙi. Shi kaɗai ya yi ta sara har dutse guda ya faɗa ciki, iska mai sanyi ta fito. Ya sa bakinsa a wurin.

Ya ce, "Lanti." Ya jira. "Lanti, ni ne."

Tsahara tana bayanmu, ta toshe bakinta da mayafi. Shekara bakwai ke nan ba ta ji sunan uwarta ba.

Bagudu ya juyo ya dube ni, ba fushi a fuskarsa. Ya ce, "Kwana uku tana ƙwanƙwasa bangon nan da hannunta mai lafiya. Ina zaune a nan ina ji. Baƙo, ina ka tsaya a hanya?"

Me zan ce? In ce masa dutsen yana ƙarƙashin gadona shekara tara, ina cewa sai baɗi?

Kafin la'asar ƙarar guduma ta cika Kurmala, gida bayan gida, ana kiran sunayen da aka daɗe ba a kira ba.

Kwana talatin da ɗaya ina miƙa wa Arzika tuwo da ruwa ta hujin nan, Tsahara na shiga tana duba ɗaurin. Ranar da ya fito, da rarrafe ya fito, ya miƙe, ya taka dokin ƙofar da ƙafarsa ya tsallaka, sannan ya tambayi ko akwai sauran tuwo. Dutsen Baba na bar shi a ganuwarsu cikin 'yan'uwansa. Sunan da Allah ya raɗa wa halittar ban samo ba, sai wanda mutanen Kurmala suka ba ta. Amma na je kabarin Baba na gaya masa gaskiyarsa ce, abin ya taɓa yin rai.

Da muka iso gida Inna ta fito, ta ga Arzika yana jan ƙafa ɗaya. Ta dube shi, ta dube ni, za ta yi magana. Shi ya riga ta. Ya kama wuyan rigata, daidai inda ya kama a bakin kwarin, ya tura ni gabanta ya ce, "Ga shi nan, Inna. Ban sake shi ba."

A nan na sauke kayan hikayata. Abin da na gani na faɗa, abin da ya shige mini duhu Allah ne masaninsa.